Na Zo Jhansi Don Mai Sandar Hoki

Jama'a, assalamu alaikum. Ku yi haƙuri da haki, dutse na hawo, kuma zafin Jhansi ba ya wasa da mutum. Kun ga mutum-mutumin can a bayana, riƙe da sanda? Dhyan Chand ke nan, gwarzon Indiya a hoki, wasan da ake buga ƙwallo da sanda. Wallahi haushi ne ya kawo ni. Mun taso a Kano mun haddace sunayen jaruman fim ɗin Indiya kamar 'yan gidanmu, amma babu wanda ya taɓa ambata mana wannan bawan Allah. Sai da na ga sunansa a babban filin wasa na Delhi, kusa da India Gate, na fara tambaya.

Nan Jhansi ne garinsa, amma a Allahabad aka haife shi, 29 ga Agusta, 1905, ranar da yanzu Indiya ta mayar ranar wasanni ta ƙasa. Yana matashi ya shiga soja, zamanin Turawan Ingila, a barikin ya ƙware a hoki. Zinare uku a jere a Olamfik: Amsterdam 1928, Los Angeles 1932, Balin 1936.

Ku tsaya ku ji na 1932. Indiya ta lallasa Amurka 24 da 1, a gidansu! Shi ya zura 8, ƙanensa Roop Singh ya zura 10. Ɗaki ɗaya, ƙwallo 18. Haba! A Balin kuma shi ne kyaftin, suka ci Jamus 8 da 1 a wasan ƙarshe, lokacin Hitler na ganiyarsa. Mai keken da ya kawo ni har rantsuwa yake cewa an taɓa karya sandarsa don a duba ko akwai maganaɗisu a ciki. Na ce to, malam, labarin gari ne, amma da daɗin ji.

Af, maganar mai keke. Rufi 200 ya karɓe mini daga tashar jirgi, yana murmushi yana kira na ɗan'uwa. Idan kun zo, ku gama ciniki kafin ku ɗora ƙafa, ku kuma zo da sassafe da gorar ruwa. Shayinsu dai na rufi 10 ya yi, sai dai ɗan kofin kurɓa biyu ne, ni da na saba da mai kauri da biredi.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne yaran da na wuce a ƙasa duk wasan kurket suke bugawa ba hoki ba, a garinsa fa. Ya bar soja a 1956 da muƙamin Manjo, ya rasu a Delhi a 1979, sai a 2021 aka sa sunansa a babbar lambar yabon wasanni ta ƙasar. Ɗansa Ashok Kumar ma shi ya ci ƙwallon da ta ba Indiya kofin duniya na hoki a 1975, a kan Pakistan.

Bari in sauka kafin wayar nan ta ɗauke, cajin ya yi ja.