Yanayi na ƙara tsananta: me ke rage asarar rayuka, me ke ɓata shiri?

Zainab: Assalamu alaikum masu sauraro, barkanmu da sake haɗuwa. Zainab ce, tare da Dakta Aminu da Injiniya Hauwa. Yau kan sauyin yanayi za mu zauna. Hukumar Kula da Yanayi ta Duniya ta ce shekarar 2024 ta fi duk shekarun da suka gabace ta zafi tun da aka fara ajiye lissafi, ta ɗara zamanin kafin masana'antu da kusan digiri 1.55. Yarjejeniyar Paris ta 2015 kuwa a digiri 1.5 ta so a tsaya. Shekara guda ba ta isa a ce an karya yarjejeniyar ba, don matsakaicin shekaru masu yawa ake dubawa, amma kowa ya ga inda aka dosa. Injiniya, mutane na cewa digiri ɗaya da rabi ai ba komai ba ne.

Hauwa: Haka yake a ido, Malama. Amma duk digiri ɗaya da iska ta ƙara zafi, tana iya riƙe ƙarin tururin ruwa da kusan kashi 7 cikin 100. Sai ta riƙa zuƙe danshin ƙasa da sauri, ga fari ke nan. Ranar da za ta sauke abin da ta ɗauka kuma, sai ta juye shi a sa'o'i kaɗan, ga ambaliya. Shi ya sa wuri guda kan ga duka biyun a shekara ɗaya. Kwalbati da magudanar da aka auna da ruwan saman shekaru 40 da suka wuce, yau sun yi wa ruwan kaɗan.

Aminu: To ke nan ba mu zo da albishir ba.

Zainab: Akwai shi, Dakta, kuma da alƙaluma. A 1970 mahaukaciyar guguwa ta afka wa gaɓar tekun da yau ake kira Bangaladesh, ta kashe aƙalla mutum 300,000. A 1991 wata ta kashe kusan 138,000. A 2020 guguwar Amphan ta zo, aka kwashe mutum sama da miliyan 2 kafin ta iso, waɗanda suka rasu a ƙasar ba su kai 50 ba. Guguwa ba ta daina zuwa ba, jama'a ma ƙaruwa suka yi. Shiri ne ya canja.

Aminu: Wane irin shiri? Don kalmar nan kowa na faɗinta.

Zainab: Hasashe ya inganta, wannan ɗaya. Amma abin da ya fi tasiri shi ne yadda labarin ke isa ƙofar gida. Suna da 'yan sa-kai sama da 70,000, kusan rabinsu mata, masu bin unguwanni da lasifika da tutocin gargaɗi. Sannan an gina dubban mafaka a kan ginshiƙai, waɗanda a sauran ranaku makarantu ne, don haka kowa ya san hanya, ginin kuma ba ya zama kango.

Hauwa: Abin da na fi so a labarin nan shi ne gyaran da suka yi bayan sun ga inda abin ya ƙi. A 1991 mata sun fi maza mutuwa nesa ba kusa ba. Wasu gargaɗin bai iske su a cikin gida ba, wasu ba su yarda su kwana a cunkushe da maza a wurin da babu banɗaki na daban ba. Wasu magidanta kuma sun ƙi tashi saboda dabbobinsu, don wanda saniya ce duk dukiyarsa ba zai bar ta ga ruwa ba. Sai aka shigo da mata cikin 'yan sa-kai, aka ware musu wuri a mafaka, aka tara tudun ƙasa kusa da ita don ɗaure dabbobi. Injiniyan da bai tambayi mutane dalilin ƙin zuwansu ba, zai gina mafaka mai kyau ta zauna babu kowa.

Zainab: Kuma kada a ɗauka kuɗi kaɗai ke yi. A ƙarshen Oktoban 2024 ambaliya ta kashe mutum sama da 200 a yankin Valencia na Sifaniya. Hukumar hasashen yanayi ta ba da jan gargaɗi tun da safe, amma saƙon gaggawa bai shiga wayoyin jama'a ba sai bayan ƙarfe takwas na dare, lokacin ruwa ya riga ya rutsa da mutane a motoci da garejin ƙarƙashin ƙasa.

Hauwa: Tun da kin ambaci mota, a riƙe wannan. Ruwa mai gudu da ya kai santimita 15, wato ɗan sama da idon sawu, yana iya kayar da babban mutum. Santimita 30 na iya ɗaga ƙaramar mota, 60 kuwa yana tafiya da yawancin motoci. Direba yana ganin saman ruwa ne kawai, bai san ko kwaltar da ke ƙasa ta riga ta zaizaye ba. A juya kawai. In ruwa ya fara shiga gida, a kashe wuta daga babban makunni tun ƙafa tana busasshiyar ƙasa, takardun gida da magunguna kuma su kasance a leda guda, a wuri mai tsayi, tun kafin damina. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Zainab: Dakta, mu zo ga zafi, don shi ba ya fitowa a hoto kamar ambaliya.

Aminu: Shi ya sa ake raina shi. A bazarar 2003 zafi ya kashe kusan mutum 15,000 a Faransa kaɗai, mafi yawansu tsofaffi, da yawa a cikin ɗakunansu. Jiki da gumi yake sanyaya kansa, kuma gumin sai ya bushe a fata yake aiki. In iska ta cika da danshi, gumi sai ya yi ta zuba ba ya bushewa, mutum na asarar ruwa amma ba ya hucewa. Don haka digiri 36 a wuri mai danshi na iya fin digiri 42 a busasshen wuri haɗari. Dare ma abin lura ne: in ɗaki bai huce da dare ba, zuciya ba ta samun hutu, sai a rana ta uku ko ta huɗu ka ga tsofaffi da masu ciwon zuciya da na ƙoda sun fara faɗuwa.

Hauwa: Yaya za a bambanta wanda ya galabaita da wanda ransa ke cikin haɗari?

Aminu: A dubi hankalinsa. Wanda ya galabaita zai yi jiri, ciwon kai, tashin zuciya, gumi sharkaf, amma ya san inda yake. Wannan a kai shi inuwa, a kwantar da shi, a sassauta tufafi, a ba shi ruwa yana kurɓa. Amma da zarar ya fara sambatu, ko tangaɗi, ko faɗa babu dalili, ko ya suma, to zafin cikin jikinsa ya haura digiri 40, ƙwaƙwalwa ta fara taɓuwa. Kada a jira gumi ya tsaya kafin a yarda, don mai aikin ƙarfi yana iya shiga wannan hali yana gumi. A nan doka ita ce a fara sanyaya shi nan take, ana neman mota ana sanyayawa. In akwai baho ko babban mazubi, a zaunar da shi cikin ruwan sanyi zuwa wuya, wani na riƙe da kansa. In babu, a cire masa kaya, a yi ta kwara masa ruwa ana fifita, a sa ƙanƙara ko jiƙaƙƙen tsumma a wuya da hammata da matsematsi. Mintuna 30 na farko su ne komai.

Zainab: Ina mutane suka fi kuskurewa?

Aminu: Wuri uku nake gani. Ana ɗura wa wanda ya suma ruwa a baki, ya shige huhu. Ana ba shi farasitamol ana zaton zazzaɓi ne, alhali ba ya sauke irin wannan zafin, yana ma iya ƙara wa hanta wahala. Sannan ana cusa shi a mota mai zafi a yi tafiyar awa guda ba a jiƙa shi ba. Ga masu aiki a rana kuma, kofi guda na ruwa duk minti 15 zuwa 20, kada a wuce lita ɗaya da rabi a awa, don yawan ruwa babu gishiri shi ma yana kayar da mutum. In gumi ya yi yawa a haɗa ruwan gishiri da sukari: lita ɗaya ta tsaftataccen ruwa, ƙaramin cokali shida na sukari, rabin ƙaramin cokali na gishiri, a shafe kan cokalin, kada a yi masa tozo. Sabon ma'aikaci kuwa jikinsa na buƙatar kwana 7 zuwa 14 kafin ya saba. A ranar farko ya yi kashi ɗaya cikin biyar na aikin, a riƙa ƙarawa a hankali. Yawancin waɗanda zafi ke kashewa a wurin aiki a kwanakin farko ne.

Hauwa: Fanka fa? Don ba kowa ke da na'urar sanyaya ɗaki ba.

Aminu: Tana taimakawa, amma in zafin ɗaki ya kai digiri 40, iskar da ta fi jikinka zafi take hura maka. A jiƙa fata ko a sa jiƙaƙƙiyar riga sannan a kunna ta, musamman ga tsoho, wanda guminsa ya ragu.

Zainab: Birnin Ahmedabad na Indiya ya gwada wannan a matakin gari. A watan Mayun 2010 zafi ya kai kusan digiri 47, mutum sama da 1,300 suka mutu fiye da yadda aka saba. A 2013 suka fito da tsari: gargaɗi mai launi uku kwanaki kafin zafin, horar da ma'aikatan asibiti, ajiye ruwan sha a tituna, buɗe wuraren fakewa da rana. Binciken da aka yi daga baya ya ƙiyasta ana tsirar da rai sama da 1,000 a shekara. Babu wata sabuwar fasaha a ciki.

Hauwa: Har da farin rufi. Baƙin rufi ko kwano mai tsatsa na shanye mafi yawan hasken rana, fari kuwa yana mayar da shi sama. Shafa farin fenti ko farar ƙasa a rufi na iya rage zafin ɗaki da digiri 2 zuwa 5. A wanke rufin, a kankare tsatsa, a bari ya bushe, a shafa sau biyu. Inda abin ke lalacewa shi ne ƙura: rufin da ya yi dauɗa ya daina aiki, sai an riƙa wanke shi, farar ƙasa kuma ruwan sama na wanke ta, kusan duk shekara sai an sake. Taga kuma daga waje ake yi mata inuwa. Labulen ciki yana tare haske ne bayan zafin ya riga ya shigo. In waje ya fi ciki zafi a rufe, da dare a buɗe tagogi masu fuskantar juna iska ta ratsa.

Zainab: Ruwan sha a taƙaice, Injiniya.

Hauwa: Lissafin mai sauƙi ne. Milimita ɗaya na ruwan sama a kan murabba'in mita ɗaya lita ɗaya ce. Rufi mai murabba'in mita 50 a wurin da ake samun milimita 600 a shekara zai ba da lita 30,000, a cire kashi ɗaya cikin biyar na asara, saura 24,000. A zubar da ruwan farko da ya wanke rufi, aƙalla lita ɗaya kan kowace murabba'in mita. Tanki ya zama wanda haske ba ya ratsawa don kada gansakuka ta fito, a sa raga a kowace kafa saboda sauro. Kuma a tuna lita 1,000 tan guda ce, kada a ɗora ta kan gindin da ba a yi don ita ba. Na sha a tafasa shi minti ɗaya cikakke.

Aminu: Ni abin da ke damuna shi ne dabarar da ke ceton wani ta halaka maƙwabcinsa.

Hauwa: Tana nan da yawa. Ka ɗaga katanga a bakin kogi, ruwan bai ɓace ba, ka tura shi ne ga na ƙasa da kai da ƙarin gudu. Mutane kuma su ga katanga su saki jiki su cika bayanta da gidaje, ranar da ta fashe asarar ta ninka. A Derna ta Libiya, a Satumban 2023, madatsun ruwa biyu da aka daɗe ba a gyara ba suka ɓalle cikin dare, mutum sama da 4,000 aka tabbatar sun mutu. Holan, wadda ta fi kowa sanin katangar ruwa, bayan manyan ambaliyoyin 1993 da 1995 ta koma bar wa kogi filin da zai malala a wurare fiye da 30, a wasunsu har da ja da katangunta baya. Ni a ganina duk ginin kariya da ba a ware masa kuɗin gyara ba, gara ma ba a yi shi ba.

Zainab: Sai dai kada mai sauraro ya ɗauka shiri zai iya da kowane irin zafi. Akwai iyakar da jiki ba ya wucewa, akwai tsibiran da teku ke ci. Don haka buƙatar rage hayaƙin da ke ɗumama duniya na nan daram. A nan ma an motsa: kafin yarjejeniyar Paris ana hasashen ƙarin kusan digiri 4 zuwa ƙarshen ƙarnin nan, yanzu da manufofin da ke ƙasa ana maganar kusan 3. Ya yi yawa har yanzu, amma an rage. Kuɗin samar da lantarki daga hasken rana ya faɗi da kusan kashi 90 cikin 100 tun 2010. Majalisar Ɗinkin Duniya kuma ta sa 2027 a matsayin shekarar da take son gargaɗin gaggawa ya isa ga kowa a duniya.

Aminu: Kafin ya iso, kowace unguwa za ta iya yin nata. A rubuta sunayen tsofaffin da ke zaune su kaɗai, da masu ciki, da masu jinya, a raba su ga mutane, kowa ya san wanda zai leƙa. In zafi ya tsananta, sau biyu a rana, kuma a je da ƙafa a yi magana da shi, don wanda zafi ya fara ruɗa wa kai zai ce maka lafiya lau a waya.

Zainab: Lokaci ya cim mana. Dakta, Injiniya, mun gode. Masu sauraro, a huta lafiya.