Tekijuku, makarantar Osaka mai kamus guda ɗaya

Assalamu alaikum. To jama'a abu huɗu nake son mu taɓa kan Tekijuku in lokaci ya bari. Na baya kuna ji na? Yauwa.

Na farko mai makarantar. Likita ne, Ogata Koan, ya buɗe ta a Osaka a 1838, lokacin Japan ta kulle ƙofarta, cikin Turawa 'yan Holan kaɗai aka yarje wa ciniki a Nagasaki. Duk mai son likitancin Turawa dole sai ya iya yaren Holan tukuna.

Na biyu, kamus. Kai, wannan kamus ɗin! Ɗalibai cike da gida amma babban kamus ɗinsu na Holanci zuwa Japananci, wanda wani Baturen Holan, Hendrik Doeff, ya tsara, kwafi ɗaya tal gare su, shi ma rubutun hannu ne, har ɗaki aka ware masa. Guda ɗaya fa. Wajen sau shida a wata ake zaman karatu, kowa ya fassara nasa ɓangaren a gaban 'yan'uwansa a ba shi maki, kuma ba mai gaya maka ma'ana kafin ranar, don haka daren jajibiri fitilar ɗakin nan ba ta mutuwa, ana layi ana ƙwace-ƙwace. Wurin kwana kuwa tabarma ɗaya ce rabon kowa, kamar dai tsangaya, wanda ya fi maki shi ke fara zaɓar wuri, na ƙarshe ya kwanta a hanya ana tsallake shi. Ku da kamus ke cikin wayarku kuna dariya ko? (dariya)

Na uku... a'a mu tsallake zuwa ɗalibanta. Fukuzawa Yukichi ya shiga a 1855, shi ya kafa makarantar da ta zama jami'ar Keio. Sano Tsunetami ya kafa Red Cross ta Japan. Na'am malama?

Tana tambaya wai shi malamin ya yi wa talakawa magani kuwa? Sosai ma. A 1849 ya buɗe gidan rigakafin agana a Osaka, da maganin da ake samu daga ƙurajen shanu, mutane suka ƙi kawo yara wai duk wanda aka yi wa lamba zai koma saniya. Bai fasa ba, sai 1858 gwamnati ta amince da gidan a hukumance, shekarar da kwalara ta ɓarke ya rubuta wa likitoci ɗan littafin jinya cikin gaggawa. Shugaba na nuna mini agogo, akwai wata tambayar?