Tommy Cooper: Ɗan dabon da ya ci abinci da ɓata wasa

Jama'a masu sauraro, barkanmu da war haka. Sharhinmu na yau zai leƙa Birtaniya ne, zamanin da talabijin ke rarrafe, mu duba rayuwar Tommy Cooper, ɗan dabo kuma ɗan barkwanci.

Kafin akwatin talabijin ya shiga ɗakuna, mutanen Birtaniya gidajen wasa suke zuwa neman nishaɗi. A zama ɗaya sai a fito maka da mawaƙi, ga mai rawa, ga mai tafiya kan igiya, ga ɗan dabo, kowa da 'yan mintocinsa, sau biyu kowane dare. Mutum kan tsara wasansa na minti goma ko sha biyar, ya yi ta yawo da shi gari-gari shekara da shekaru, don na Liverpool bai ga abin da aka yi a Glasgow ba. BBC ta fara talabijin a 1936, yaƙin duniya ya tsayar da ita a 1939, ta dawo a 1946. Bikin naɗin Sarauniya Elizabeth a 1953 ya sa jama'a rububin sayen akwati, sannan tashar ITV ta zo a 1955. Nan fa ake yin ta. Wasan da mutum ya daɗe yana ciyar da iyali da shi, dare ɗaya duk ƙasa ta kalle shi, gobe ya zama tsohon zance. Gidajen wasa suka shiga rufewa, 'yan wasa da dama suka bi su.

To, me ya fid da Cooper?

An haife shi a 1921 a garin Caerphilly na yankin Wales. Ya yi soja lokacin yaƙi, aiki ya kai shi Masar, inda yake yi wa 'yan uwansa sojoji wasa. A can ya samo hular da duniya ta san shi da ita, jar dara mai tuntu, irin wadda mu ma muka sani a kan dattawanmu. Labarin da ake bayarwa shi ne, wata rana ya manta hular wasansa, sai ya miƙa hannu ya cire ta wani mai raba abinci ya ɗora a kansa. Ƙato ne, tsawonsa ya haura ƙafa shida, ga 'yar hula a ƙoli. Kafin ya buɗe baki an fara dariya.

Ya fara fitowa a BBC a ƙarshen shekarun 1940, ya samu shirinsa na kansa a 1952. Sana'arsa kuwa ɓata dabo ce da gangan. Zai ajiye kwalba da kofi a kan tebur, ya kife kowanne da bututu, ya ce yanzu za su yi musanyar wuri. Ya ɗaga, ga shi sun yi. Sai cikin rawar jiki ya ɗaga bututun duka biyu lokaci guda, ga kwalba nan ga kwalba can, asiri ya tonu. Ya zare ido, ya saki wata dariyar borin kunya, gumi na keto masa, kwalabe kuma sai ƙara fitowa suke yi har tebur ya cika. A ganina wannan ne ya cece shi. Ɗan dabon da ke sayar da mamaki, kallo ɗaya ya ishe ka. Shi kuwa Cooper kowa ya san wasan zai lalace, abin da ake jira shi ne a ga fuskarsa idan ya lalace, kuma kyamara ta fi kujerar gidan wasa kawo fuskar nan kusa.

Kada a ɗauka bai iya ba ne. Mamba ne na Magic Circle, ƙungiyar ƙwararrun 'yan dabo ta Landan, kuma jefi-jefi yakan bari wasa ɗaya ya fita tsaf, don a san da sani yake ɓata sauran. Barkwancin ma a rubuce yake tara shi, a jere bisa tsari. Gidan tarihi na Victoria and Albert ya karɓi tarin takardun a 2016.

Bayan fage kuwa labarin ba daɗi. Giya da taba sun ci ƙarfinsa, zuciya ta buge shi a birnin Rum a 1977.

Ranar 15 ga Afrilu, 1984, yana tsakiyar wasa a gidan wasa na Her Majesty's da ke Landan, ITV na nunawa kai tsaye ga miliyoyin mutane, sai ya sulale ƙasa. 'Yan kallo suka kwashe da dariya. Har yau akwai masu ganin baƙin waɗanda suka yi dariyar, amma ni ban ga laifinsu ba, tunda shekara talatin da ɗoriya ya yi yana koya musu cewa duk abin da ya lalace a hannunsa shiri ne. Inda nake da ja shi ne wajen masu shirin: aka tafi talla, aka dawo, aka ci gaba da wasa a gaban labule alhali ana ƙoƙarin ceto ransa a bayansa. Daga nan aka garzaya da shi asibitin Westminster, inda aka tabbatar da mutuwarsa yana da shekara 63.