Shekara goma kana wucin gadi: me kotu za ta iya yi maka?

(Laccar da wani lauya ya gabatar wa ma'aikatan wucin gadi a wata firamare da ke garin Ringim, kamar yadda aka naɗa.)

Assalamu alaikum. Na baya kuna jina? Madalla. Abu uku zan faɗa kafin la'asar, in Allah ya yarda.

Na farko, kotu ba ta ɗaukar ma'aikaci. Abin da alƙali yake dubawa shi ne, shin hukuma ta bi dokar da aka gindaya mata? Kuma ba kowace kotu ba. Tun gyaran tsarin mulki na 2010, sashe na 254C ya damƙa rigimar aiki a hannun Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ita kaɗai. Tana da reshe a Kano. Ka kai ciyaman ƙara gaban majistare, kuɗin motarka kawai ka ɓata.

To bari in kai ku Indiya. Na san wasunku a fim kaɗai suka san ta. (Dariya.) A 2006 alƙalai biyar na Kotun Ƙolinsu suka yanke shari'ar Jihar Karnataka da Umadevi. Mutane ne irinku, 'yan biyan kullum, sun shekara da shekaru suna wa gwamnati aiki, suka ce a mayar da su na dindindin. Kotu ta ce daɗewa ba ta zama haƙƙi. Dalili? Akwai wani yaro a can ƙauye, takardunsa sun cika, ba a taɓa tallata gurbin ba balle ya nema. In aka tabbatar da wanda ya shigo ta taga, an danne na bakin ƙofa. Ku riƙe wannan, na bakin ƙofa! Ni wannan hujjar tana burge ni, duk da na san ba ta yi muku daɗi ba. Amma sun bar kafa ɗaya: wanda ya cancanta, yana kan gurbin da aka amince da shi, ya kai shekara 10 ba da umarnin kotu ba, a tabbatar da shi, sau ɗaya tak. Hukuncin Indiya ba ya ɗaure alƙalinmu, amma tambayar ta inda ka shigo, shi ma ita zai fara yi maka.

Na uku... ko na biyu ne? Malam mai rubutu, ina muke? To, ko ma dai wanne. A 1981 Kotun Ƙolinmu ta sa aka mayar da wani ma'aikacin gwamnatin tarayya mai suna Shitta-Bey bakin aikinsa, don doka ce ta tsara aikin nasa. Wannan gatan na wanda hukumar ɗaukar ma'aikata ta ba takarda ne, ba wanda kansila ya ce "je ka fara" ba.

Eh, Inna, bismillah.

"Ranka ya daɗe, shekarata 12 ina shara a asibiti, ko takarda ɗaya ba ni da ita."

Inna, sannu da haƙuri. Sashe na 7 na Dokar Ƙwadago ya ce cikin wata uku da fara aiki dole a ba ki sharuɗɗan aikinki a rubuce. Rashin takardar laifinsu ne, ba naki ba. Ta banki ake biyanki? To kada ki goge alat ko ɗaya. Ki sa jikanki ya ɗauki hoton littafin sa hannu da jadawalin aiki. Dindindin ba zan yi miki alkawari ba, amma albashin da aka riƙe miki ana iya bin sa. Ki jira ni bayan salla, ga ladan can ya fara.