Lacca: Umaru Ganda da sha'anin murya a fim

Assalamu alaikum. Na baya, kuna ji na? To, madalla. Abu uku zan faɗa a kan mai shirya fim mai zaman kansa, kuma Umaru Ganda na Nijar ne misalinmu.

A Yamai aka haife shi a 1935. Tun yana matashi ya shiga sojan Faransa, aka kai shi yaƙin Indochina, wato yankin Vietnam. Da ya dawo babu aikin yi, sai ya gangara Abijan yana dako a tashar jiragen ruwa. Can Jean Rouch, wani Bafaranshe mai shirya fim, ya gamu da shi, ya sa shi a fim ɗin Moi, un Noir na 1958.

Na farko, kyamarar da aka ɗauki fim ɗin nan da ita. Wana ta ake yi kamar agogon bango, fim ɗinta mai milimita 16 ne. In ka wana ta, ƙasa da rabin minti ta tsaya. Naɗi guda mai ƙafa 100 ba ya cika minti uku, kuma sai an aika shi Faransa an wanke kafin ka ga abin da ka ɗauka.

Na biyu, murya, kuma ga inda nake so ku kasa kunne. Wannan kyamarar kurma ce, ba ta ɗaukar sauti. Sai daga baya aka zaunar da Ganda yana kallon hotunan, yana magana a kansu, yana zuba abin da ke cikinsa. Muryar nan ita ta riƙe fim ɗin. Murya, jama'a, murya! Mai kallo zai yi haƙuri da hoto mai duhu, amma in bai ji abin da mai magana ke faɗa ba, tashi zai yi. Don haka in za ka ɗauki hira, sa makirifo na maƙalawa a riga, taƙi guda ƙasa da haɓa. Mai babbar riga, kar ka ɓoye shi cikin aikin wuya, shadda mai sitaci kwaramniya take yi. A kashe fanka, a roƙi maƙwabci ya kashe janareta. Kar ka fara hira saura minti goma a kira sallah. Sa abin ji a kunnenka, don akuyar da kunnenka ya saba da ita, na'ura ba ta saba ba. In an gama, kowa ya yi tsit, ka ɗauki shirun ɗakin na minti guda, da shi mai tacewa zai cike gurbin da ya yanke.

Na uku, fina-finan Ganda da kansa. Lokaci ya ci mu. Ganda ya koma Yamai ya fara nasa. Cabascabo, labarin tsohon soja, an nuna shi a bikin fina-finai na Cannes a Faransa a 1969. Le Wazzou polygame ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin fina-finan Afirka, a Wagadugu a 1972, shi ne na farko da ya ɗauke ta. Ya rasu ranar 1 ga Janairu 1981, Allah ya jiƙansa.

Na'am, 'yar'uwa, ɗaga murya. Ta ce waya kawai gare ta, za ta yi? Ƙwarai kuwa, amma ki ari ta biyu. Ɗaya ta ɗauki hoto a kwance, ɗayar ki ajiye ta dab da bakin mai magana. Ki rufe layinsu kar kira ya katse ki. Da kin kunna su, ki tafa sau ɗaya a gaban kyamara, a kan tafin nan za ki daidaita hoto da murya a kwamfuta.