Amsoshin Tambayoyinku: Gwamnan da ya ƙwace fid da gwani daga hannun iyayen gida

Jama'a masu sauraro, assalamu alaikum, barkanmu da sake haɗuwa a shirin Amsoshin Tambayoyinku. A makon jiya, da muke magana kan zaɓen 'yar tinƙe, mun ambaci sunan wani gwamnan Amurka, Robert La Follette na jihar Wiskonsin, muka wuce. Ashe mun taɓo inda ke yi wa mutane ƙaiƙayi, domin saƙonni sun yi ta shigowa a kansa. Mun ware huɗu, kuma da su za mu cinye lokacinmu na yau.

Wasiƙar farko daga wani malamin makaranta ce a Zariya. Yana cewa: "Wane ne wannan gwamna, kuma yaya aka yi ya hau kujera alhali manyan jam'iyyarsa ba sa son sa?"

To Malam, mun gode. An haifi La Follette a 1855 a wani ƙauye mai suna Primrose, a jihar Wiskonsin da ke arewacin Amurka, kusa da manyan tafkunan nan. Bai kai shekara guda ba mahaifinsa ya rasu, don haka a gona ya tashi, da wahala. Ya gama jami'ar jiharsu a 1879, ya zama lauya, kuma a 1880 aka zaɓe shi mai gabatar da ƙara na gundumar Dane ba da yardar uban gidan siyasar yankin ba. Daga 1885 zuwa 1891 yana majalisar wakilai ta tarayya a inuwar jam'iyyar Rifablikan. A waɗannan shekaru ɗan jam'iyya ne mai biyayya kamar kowa, ba a san shi da tawaye ba. A zaɓen 1890 guguwa ta kwashe 'yan jam'iyyarsa a jihar, har da shi, saboda wata dokar ilimi da ta wajabta koyarwa da Turanci, abin da ya fusata Jamusawan da suka cika jihar.

Abin da ya juya rayuwarsa ya faru ne a 1891, a wani otal a birnin Milwaukee. A wancan zamani masu katako da kamfanonin jirgin ƙasa ne ke juya akalar Wiskonsin, kuma babbansu shi ne Sanata Philetus Sawyer, attajirin katako. Gwamnatin jiha ta kai wasu tsofaffin ma'ajinta kotu, tana neman su dawo da kuɗin ruwan da suka ci a kan dukiyar jama'a. Sawyer na cikin waɗanda suka tsaya musu, ke nan idan shari'a ta kayar da su aljihunsa zai ji a jika. Alƙalin da ke riƙe da shari'ar kuwa, Robert Siebecker, mijin 'yar'uwar La Follette ne. La Follette ya ce Sawyer ya miƙo masa kuɗi don ya yi wa surukin nasa magana. Sawyer ya musanta, ya ce lauya kawai ya so ya ɗauka, kuɗin kuma na kafin alƙalami ne. Su biyu ne a wurin, kowa da bakinsa. Amma La Follette ya je ya faɗa wa alƙali, alƙali ya janye daga shari'ar, magana ta fita jaridu, manyan jam'iyya suka juya masa baya.

Daga nan ya shiga shekara tara na faɗi-tashi. A lokacin, daliget ne ke taruwa a babban taron jam'iyya su tsayar da ɗan takara. A 1894 ya mara wa wani abokinsa baya, suka sha kaye. A 1896 ya fito da kansa, ya isa zauren taro yana ganin daliget na hannunsa, aka wayi gari sun koma wajen Edward Scofield. Ya ce cikin dare aka bi su da kuɗi. A 1898 ma Scofield ya sake kayar da shi. Duk wanda ya taɓa jin labarin daren da ake kwana ana rabon kuɗi a masaukin daliget ba ya buƙatar dogon bayani. A tsakanin waɗannan kaye biyu, a 1897, ya yi wani jawabi a jami'ar Shikago inda ya ce a soke tsarin daliget ɗungurungum, a bar masu ƙuri'a su fid da gwani da hannunsu. Ya ɗauki wannan magana ya yi ta yawo da ita kasuwa-kasuwa, wajen bajekolin amfanin gona, yana shafe sa'o'i a tsaye gaban manoma. Mutum ne gajere, mai tarin suma, mai murya. A 1900 kan manyan ya rabu, ya samu tikiti, ya ci zaɓe, aka rantsar da shi a Janairun 1901. Shi ne gwamna na farko da aka haifa a cikin jihar.

Tambaya ta biyu daga wata ɗalibar jami'a ce a Maraɗi, Jamhuriyar Nijar. Tana son ta san abin da ya yi a zahiri da ya hau, domin, in ji ta, "alkawarin kamfe daban, aiki daban."

Malama, gaskiyarki. Shekara biyun farko kusan babu abin da ya iya yi. Wa'adin gwamna a can shekara biyu ne a lokacin, kuma 'yan majalisar dattawan jiha na jam'iyyarsa ne suka yi wa ƙudurinsa ƙafar ungulu a 1901. Suka kawo wani guntun ƙuduri da zai taɓa ƙananan kujeru kawai, ya hau kujerar na-ƙi. A nan ne nake ganin halinsa ya fito fili. Da wani ne, da ya karɓi guntun ya ce ya cika alkawari, a yi ta yi masa kirari. Shi kuwa ya gwammace ya koma gaban jama'a hannu rabbana ya gaya musu waɗanda suka hana.

Ya kuwa gaya musu da suna. Dabararsa ita ce ya je mazaɓar ɗan majalisa, ya tsaya gaban mutanensa, ya buɗe kundin majalisa ya karanto yadda wakilin nasu ya jefa ƙuri'a a kan kowane ƙuduri: ranar kaza ya ƙi dokar haraji kan jirgin ƙasa, ranar kaza ya ƙi 'yar tinƙe. Rubutaccen abu ne, ba mai iya musu. Da wannan ya yi ta zubar da 'yan majalisa ɗaya bayan ɗaya.

Bayan ya zarce a 1902, majalisar 1903 ta amince da dokar 'yar tinƙe, amma da sharaɗin sai an kai ta ƙuri'ar raba gardama, suna fatan jama'a za su yi watsi da ita. A wannan shekara kuma aka sauya yadda ake karɓar haraji daga kamfanonin jirgin ƙasa. A da, kamfani ne ke faɗin abin da ya samu, a yanki wani kaso a kai, alhali manomi kan biya gwargwadon darajar gonarsa. Sabuwar doka ta ce a ƙiyasta kadarar kamfani kamar yadda ake ƙiyasta ta kowa.

Shekarar 1904 ita ce ta kece raini. Jam'iyya ta dare gida biyu a babban taron da aka yi a ɗakin motsa jiki na jami'a a Madison, babban birnin jihar. Tsofaffin hannu suka fice suka yi nasu taron, suka tsayar da nasu ɗan takara, uwar jam'iyya ta ƙasa kuma ta karɓi wakilansu ta ƙi na gwamna. Sai da kotun ƙoli ta jiha ta ce ɓangaren La Follette ne halastacce. A watan Nuwamba ya ci zaɓe karo na uku, jama'a kuma suka amince da 'yar tinƙe da rinjaye mai yawa. A 1905 aka kafa hukumar da ke sa ido kan kuɗin dakon jirgin ƙasa, aka yi dokar ɗaukar ma'aikata ta hanyar jarrabawa maimakon rabon aiki ga 'yan korar siyasa, aka kuma ɗaure masu kamun ƙafa a majalisa da doka.

Akwai wani abu da ya fi burge ni, wanda ba a cika faɗi ba. Jami'ar jihar da majalisa suna kan titi ɗaya a Madison, tafiyar ƙafa ce. Shugaban jami'ar, Charles Van Hise, ɗan ajinsu La Follette ne. Malaman jami'a suka riƙa zuwa suna taya rubuta dokoki. Masanin tattalin arziki John R. Commons, alal misali, shi ya tsara dokar ɗaukar ma'aikata. Wani mai suna Charles McCarthy kuma ya kafa ɗakin bincike a majalisa, ta yadda manomin da aka zaɓa ba sai ya dogara da lauyan kamfani ya rubuta masa ƙuduri ba. Sai dai a yi adalci: harajin kuɗin shiga da dokar biyan diyya ga ma'aikacin da ya ji rauni, waɗanda ake yawan jingina masa, a 1911 aka yi su, zamanin Gwamna Francis McGovern.

Wasiƙa ta uku daga wani Alhaji ne, ɗan kasuwa a Kantin Kwari, Kano. Yana tambaya: "To 'yar tinƙen ta kori kuɗi daga siyasarsu? Domin mu nan an sha yi mana wannan alkawari."

Alhaji, ba ta kora ba. Ta dai sauya hanyar da kuɗi ke bi. Shi kansa La Follette ba da iska ya yi yaƙinsa ba. Wani attajirin katako, Isaac Stephenson, wanda manyan jam'iyya suka hana kujerar sanata, shi ya zuba masa kuɗi, har ya kafa jarida a Milwaukee don ta kare shi. Daga baya suka ɓata. A zaɓen 'yar tinƙe na 1908 Stephenson ya kashe sama da dala dubu 100 don ya riƙe kujerar sanata, kuɗin da a wancan zamani ya girgiza ƙasar, har majalisar dattawa ta yi bincike, ko da yake ba ta tsige shi ba. Sayen daliget ɗari biyar ya fi sauƙi, amma mai hali yana iya sayen jaridu da 'yan kamfe a kowace gunduma.

Haka kuma 'yar tinƙen farko, ta 1906, kan La Follette ta fara faɗawa. Majalisar jiha ta zaɓe shi sanata tun farkon 1905, domin a lokacin majalisun jihohi ne ke zaɓen sanatoci, amma ya ƙi tafiya sai da ya ga dokokinsa sun wuce, ya sauka a farkon 1906. Mataimakinsa James Davidson ya gaje shi. Da zaɓe ya zo, sai ya so ya ɗora wani na hannun damansa, Irvine Lenroot, ya zagaye jihar yana yi masa kamfe. Jama'a suka zaɓi Davidson. A ganina kuskure ya yi a nan, domin ɗauki-ɗoran da ya yi shekaru yana yaƙa shi ya so ya yi, kuma dokar da ya sha wuya a kanta ita ta taka masa birki.

Da yake Alhaji ya kawo maganar gida: a Najeriya, majalisar tarayya ta saka 'yar tinƙe tilas a ƙudurin gyaran dokar zaɓe a 2021, Shugaba Muhammadu Buhari ya ƙi sa hannu a watan Disamba, yana mai kafa hujja da tsada da matsalar tsaro. Dokar da ya sa wa hannu a Fabrairun 2022 ta bar wa jam'iyyu zaɓi uku: 'yar tinƙe, daliget, ko masalaha. Amma akwai bambanci babba da ta Wiskonsin. A can hukuma ce ke gudanar da zaɓen fid da gwani, rana ɗaya ga dukkan jam'iyyu, da ƙuri'ar sirri, kuma ba a tambayar mutum katin jam'iyya. Inda kuwa jam'iyya ce ke riƙe da rajistar 'ya'yanta, ita ke ƙirga, ita ke sanarwa, to wanda ke riƙe da jam'iyyar bai rasa komai ba.

Ta ƙarshe gajeruwa ce, daga wani mai sauraro a unguwar Zango a Kumasi, ƙasar Gana: "Ina ya ƙare?"

A majalisar dattawa ya ƙare, daga 1906 har rasuwarsa. A Afrilun 1917 yana cikin sanatoci shida kacal da suka ƙi amincewa Amurka ta shiga Yaƙin Duniya na Ɗaya. Ya ɗanɗana kuɗarsa: an kira shi maci amanar ƙasa, an nemi a kore shi daga majalisa, majalisar jiharsa ta yi tir da shi, kuma mafi yawan malaman jami'ar nan da ya ɗaukaka suka sa hannu a takardar la'antarsa. Wannan ya yi masa ciwo ƙwarai. Amma a 1922 mutanen Wiskonsin suka mayar da shi da gagarumin rinjaye. A 1924 ya tsaya takarar shugaban ƙasa a wajen manyan jam'iyyun biyu, ya samu ƙuri'a kusan miliyan biyar, wajen kashi 17 cikin ɗari, ya ci jiharsa kaɗai. Ya rasu a watan Yunin 1925 yana da shekara 70. An yi wa matarsa Belle tayin kujerar, wadda ita ce mace ta farko da ta gama karatun lauya a jami'ar jihar, ta ƙi. Babban ɗansu Robert ya gaje shi, ƙaramin ɗansu Philip kuma ya yi gwamna har sau uku. Shi Robert ɗin ya riƙe kujerar fiye da shekara ashirin, sai a 1946 Joseph McCarthy ya kayar da shi, a zaɓen 'yar tinƙe.

Nan lokaci ya cim mana. Akwai wasiƙu biyu kan tarihin layin dogo daga Legas zuwa Kano, mun ajiye su sai mako mai zuwa idan Allah ya kai mu. A ci gaba da aiko mana da tambayoyi. Mu kwana lafiya.