Suna a Littafin 'Yan Sanda: Ina Ikon Kotu Ya Tsaya?

Assalamu alaikum. Iyayena, malamaina, 'yan uwa Katsinawa, Allah ya saka da alheri da kuka zauna cikin wannan zafi.

Bari in fara da wani yaro mai gyaran babur da mahaifiyarsa ta kawo min kukansa. An taɓa kwashe shi a samamen ƙauraye ana gobe Sallah, ya kwana biyu a caji ofis, aka sallame shi ba a kai shi gaban alƙali ba. Amma an rubuta sunansa, an ɗauki hotonsa. Daga ranar, duk shagon da aka fasa a unguwar, ƙofarsu ake fara bugawa. Uwar ta ce min, "Barista, da takalminsa yake kwana." Ya je neman aure, aka ce ai hukuma ta san shi. Magana ta mutu a nan. Wallahi abin ya tsaya min a rai, don hukunci ne ba shari'a.

Ba a ƙasar nan kaɗai ake wannan ba. A Indiya akwai wani Kharak Singh da aka tuhuma da fashi, aka sake shi saboda babu hujja, amma 'yan sanda suka buɗe masa fayil, suna tashinsa cikin dare. A 1962 Kotun Ƙolin ƙasar ta haramta bugun ƙofar dare, sai dai ta bar sauran sa idon. A 1980 kuma, a shari'ar Malak Singh, ta ce ba dole ne a ji ta bakin mutum kafin a sa shi a littafin sa ido ba, amma idan ya kai ƙara, kotu na iya cewa a nuna mata dalilin.

Mu a nan, ku riƙe sunan marigayi Gani Fawehinmi. Ya nemi kotu ta tilasta wa Sufeto Janar ya binciki gwamnan Legas na lokacin, Bola Tinubu. A 2002 Kotun Ƙoli ta ce rigar kariya ba ta hana bincike, amma ta ƙi ba da umarnin, domin a bincika ko kar a bincika, 'yan sanda ke da ganin dama. Alƙali ba ya zama kujerar DPO.

Kada wani ya fita ya ce na ce a daina sa ido. Wanda ya fito daga Batsari ko Jibia ko Faskari ya san ɓarnar infoma, mutumin da kuke sahu ɗaya a masallaci yana kai wa 'yan bindiga rahoto. Dole a sa ido. Tambayata ita ce, da wace hujja, kuma har zuwa yaushe?

Nan kotu ke da haƙora. Sashe na 35 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ce a kai wanda aka kama gaban kotu cikin kwana ɗaya idan akwai kotu a tazarar kilomita 40. Sashe na 37 ya kare sirrin mutum da gidansa, na 46 ya buɗe ƙofar Babbar Kotu ga wanda aka taka wa haƙƙi. Dokar 'Yan Sanda ta 2020, wadda Buhari ya sa wa hannu, ta hana kama uba ko ƙani a madadin wanda ake nema, ta kuma ɗora wa majistare zagayen caji ofis duk wata. Masu unguwanni da ke nan, Allah ya ja da ranku, ku riƙa tambaya ko ana wannan zagaye.

Yaron nan mun rubuta takarda, an daina buga musu ƙofa, ya koma garejinsa. Amma sunan, har yau ban ga takardar da ta ce an goge shi ba. La'asar ta matso, Alhaji na ga hannunka a sama, bismillah.